Gallabat: Wasiƙa Zuwa Ga Taubashina

Gadarif,
Ƙarshen kakar riɗi.

Ɗan Kawu,

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina fata kana lafiya, kai da Hajiya da yara da jikoki. Yaya ƙafar taka? Allah Ya ƙara sauƙi. Mu nan sai godiya. Gwaggonka tana nan, ido ya tafi amma baki bai tafi ba, kullum sai ta tambaye ni ko wancan malalacin na Kano ya kira. Ka san wanda take nufi.

Hotunan da ka turo ta WhatsApp sun iso, sai dai sun kwana uku a hanya saboda halin da intanet yake ciki a nan. Na ga mindar Kawu, tauraruwar tagulla da ƙyallenta ya koɗe. Da na kwatanta wa Gwaggo ita sai ta yi shiru, can ta ce a cikin gwangwanin taba yake ajiye ta, kuma ya taɓa zane ta don ta ɗauka ta rataya wa 'yar tsanarta. Na kuma ga hotunan da autanka ya ɗauko a ƙauyen nan na bakin teku a Faransa, Aromansh, inda aka jawo gunduma-gunduman kankare daga Ingila a watan Yunin 1944 aka haɗa tashar jiragen ruwa a cikin 'yan kwanaki, har yau ragowarsu na zaune cikin ruwa kamar raƙuma sun durƙusa. Ƙauyen da mutanensa ba su wuce 'yan ɗaruruwa ba, amma ga gidan tarihi, ga tutoci, ga baƙi daga ko'ina. Madalla. Sai kuma ka biyo da tsokanarka: wai ku da kuka gudu gabas kuka ɓuya cikin dawa, me kuka gani na yaƙin Hitila?

To zauna ka sha labari. Janar ɗin da yaronka ya binciko sunansa, wanda ya ja rundunar Bama, Silim, a ƙofar gidanmu ya fara jan daga, kuma bai ji da daɗi ba. Sunan wurin Gallabat. Makon jiya na dawo daga can.

Abin da ya kai ni ba tarihi ba ne, sallamar 'yan aiki ce. Ka san riɗi ba ya jiran kowa, ranar da ya nuna in ba a sa masa lauje ba sai ya fashe ya zube, shekara ta tafi a banza. Shi ya sa duk watan Oktoba samarin Habasha ke gangarowa daga tsaunukansu su yi mana yanka. Da muka gama na ɗauki nawa a bayan mota na kai su bakin iyaka. Daga Gadarif zuwa Gallabat kilomita 150 ne da 'yan kai, kudu maso gabas, a ratsa Doka. Hanyar nan in ka bi ta da rani za ka rantse babu abin da ya fi ta sauƙi: fili ne shimfiɗe, baƙar laka ta tsattsage har ƙafar akuya na iya faɗawa, daga nan har inda ido ya tsaya karan dawa ne, sai jefi-jefi dushe da aduwa da dakwarar da ake ɗiban ƙaro. Amma bari ruwan Yuni ya sauka. Lakar nan takan kumbura ta zama kamar danƙo, ta cire wa mutum takalmi, ta riƙe babbar mota mako guda. Kafin a zuba kwalta, daga Yuni zuwa Oktoba Gallabat tsibiri ne, ba shiga ba fita. Ka riƙe wannan a ranka, domin duk yaƙin da aka yi a wurin sai da aka nemi izinin lakar nan tukuna.

Kana wuce Doka ƙasa ta fara tashi. Duwatsu su ɓullo, itatuwa su yi kauri, ciyawa ta fi mutum tsawo. Can gaba, in sararin sama ya washe, sai ka hango wani shuɗin bango ya tokare gabas. Habasha ke nan. Gallabat na zaune a gindin bangon, wajen mita 700 bisa teku, Gondar kuwa da ba ta kai kilomita 200 daga nan ba ta haura mita 2,000. Garin kansa ba abin a zo a gani ba ne: bukkokin ciyawa, rumfunan kwano, ofishin kwastan, masu canji, mata masu sayar da shayi da gahawa. Sai ƙorama, wadda Larabawan nan ke kira khor, da 'yar gada a kanta. In ka taka gadar ka sauka a ɗaya gefen, kana Matamma, ƙasar Habasha, an canza harshe, an canza kuɗi, har lissafin shekara da na agogo an canza. Da rani yaro ma tsallake ƙoramar yake yi. Wannan ita ce tekunmu, ka faɗa wa autanka.

Me ya sa gari ya tsiro a nan? Saboda nan ne ƙofa. Wanda ya taso daga kogin Nilu yana son hawa Gondar da tafkin Tana, ta nan ya fi sauƙi, wanda kuma ya sauko da gahawa da zuma da kakin zuma da alfadarai yana neman auduga da gishiri, nan zai sauke kaya. Da bayi kuma, kada in yi maka ƙarya, kasuwar bayi ce babba a zamaninta. Abin da zai ba ka mamaki shi ne waɗanda suka riƙe garin. Mutanen yamma ne, alhazan ƙafa, waɗanda aka fi sani da Takarir. Yawancin na farkon daga Darfur da Wadai suke, daga baya na Barno da ƙasar Hausa suka yi ta biyo sawu. Wasu kan hanyar Makka guzuri ya ƙare musu, wasu sun sauke farali suna komawa gida suka ga ƙasa mai albarka suka ce bari mu yi damina ɗaya. Ka san daminar nan ɗaya, ita ce ta cinye Gwaggonka da mahaifina shekara saba'in. Baturen nan mai yawon neman mafarin Nilu, Samuel Baker, ya sauka Gallabat a 1862, ya tarar shehun garin Batakrure ne, yana biyan haraji gabas ga sarkin Habasha, yana kuma lallaɓa Turkawan Masar da ke yamma. Zaman ɗan akuya tsakanin kuraye biyu. Af, kalmar nan da kuke jifan mutane da ita a Kano, 'yan Takari, daga wannan sunan ta fito. Ku kuna faɗinta da raini, mu nan mun san Takarir sun taɓa yin sarautar gari. Mu kuma yau Fallata ake ce mana, Bahaushe da Bafillace da Babarbare duk kwando ɗaya.

Yaƙin da mutanen nan suka fi tunawa ba na Turawa ba ne, na zamanin Mahadi ne. Bayan faɗuwar Khartum a Janairun 1885, Ansar, mabiyan Mahadi, suka karɓe Gallabat suka mai da shi babban sansani. Aka yi ta kai wa juna hari da Habashawa. A Janairun 1888 Hamdan Abu Anja, jarumin da Khalifa Abdullahi, magajin Mahadi, ya fi ji da shi, ya hau tsaunin ya fasa Gondar, ya ƙone coci-coci. Shekara guda bayan haka ciwo ya ɗauke shi a nan Gallabat, Zaki Tamal ya gaje shi. Shi kuwa sarkin sarakunan Habasha, Yohanas na Huɗu, wanda mutanen nan ke kira Yuhanna, ya rantse sai ya rama. Ya sauko da rundunar da ake ƙiyasta ta haura mutum 100,000. Ansar suka kewaye kansu da shingen ƙaya da ramuka suna jira.

Ranar 9 ga Maris 1889 aka gwabza. Habashawa suka cinna wa shingen wuta, suka fasa ta gefe guda, suka kutsa har cikin gari inda mata da yara suke. Yaƙi ya riga ya zama nasu. Sai harsashi ya sami Yohanas, wanda ya ƙi tsayawa a baya ya shigo cikin daga da kansa. Aka janye shi zuwa hemarsa, kafin gari ya waye sau biyu ya cika. Labari na bazuwa, rundunar nan da ta cika fili ta narke kamar man shanu a rana, kowane basarake ya tattara mutanensa ya nufi gida don ya ga yadda gadon sarauta zai kaya. Ansar da suka kwana suna jiran mutuwa suka wayi gari ba kowa. Suka bi sawu, suka cim ma masu ɗauke da gawar a wajen kogin Atbara, suka kai kansa Umdurman. Ba na jin daɗin wannan ɓangaren, amma haka aka yi. Kuma nasarar ba ta ƙoshar da kowa ba, domin shekarar ce ta 1306 ta Hijira, wadda har yau in tsoho ya ce sanat sitta kowa ya san yunwa yake nufi. Gadarif da ke ciyar da ƙasa ta zama kufai.

Yanzu ka bi ni a hankali, nan ne wurin da ni abin yake ɗaure mini kai. Yohanas shi ne ƙashin bayan da ya hana Italiya hawowa daga gaɓar Bahar Maliya. Yana faɗuwa a Gallabat, ba a yi wata biyu ba Minilik da ya gaji sarautarsa ya sa hannu a yarjejeniyar Wucale da Italiyawa, a watan Agusta suka shiga Asmara, ranar 1 ga Janairun 1890 suka raɗa wa abin da suka kama suna Eritiriya. Minilik ya karya su a Adwa a 1896, suka haɗiye ta shekara arba'in, Musolini ya dawo a 1935 ya ci Habasha duka. To ka ga, harsashin da wani Ba'ansare ya harba a bakin ƙoramar nan, wanda ba wanda ya san sunansa, shi ne ya buɗe ƙofar da bayan shekara 51 ta kawo sojan Italiya bakin wannan ƙoramar dai. Wanda ya harba ya mutu yana ganin ya kori kafiri ɗaya, bai san ya yi wa wani shimfiɗa ba.

A tsakani an ja iyaka. Ingila da Minilik suka ƙulla yarjejeniya a 1902, wani Manjo Gwynn ya bi daji yana tara duwatsu a 1903 yana cewa nan Sudan, can Habasha. Shekarar da Kano ta faɗi ke nan, shekarar da aka kashe Sarkin Musulmi Attahiru a Burmi, ɗansa Mai Wurno ya ja sauran jama'a suka yo gabas har suka kafa garin da ke ɗauke da sunansa kusa da Sinnar. Wato lokacin da ake rufe mana ƙofa a yamma, a lokacin ake auna mana ɗakin da za mu zauna a gabas.

Musolini ya shiga yaƙin duniya ranar 10 ga Yunin 1940. A lokacin sojan da ke tsaron Sudan kaf ɗinsu ba su taka kara sun karya ba in aka gwada da abin da Italiya ta tara a Habasha. Ranar 4 ga Yuli suka tsallako suka kama Kasala, suka kama Gallabat a rana ɗaya. 'Yan tsirarun sojan Sudan da ke ƙaramar ganuwar kan tudu suka yi harbin da za su iya suka janye. Da Italiyawa sun ci gaba, babu abin da zai tare su har Gadarif, inda jirgin ƙasa yake tun ƙarshen shekarun 1920. Amma Yuli ne. Laka ta ce a tsaya, ga kuma ƙarancin mai. Sai suka zauna suka kewaye ganuwar da waya mai ƙaya, suka sare dajin da ke gabanta don su riƙa hango mai zuwa. Ta sama kawai suke iso mu: ranar 16 ga Oktoba jiragensu suka faɗo wa filin saukar jirage na Gadarif da sassafe suka ƙone jiragen Ingila goma a ƙasa, ko tashi ba su yi ba.

Ruwa na ɗaukewa Ingila ta ce sai ta karɓo Gallabat, ta wuce ta ci Matamma. Dalilinsu ba garin ba ne, ƙofar ce. Haile Selassie, sarkin Habasha da Musolini ya kora, na zaune a Khartum yana jiran hanyar komawa gida, 'yan tawayen Gojjam na jiran bindigogi, kuma ayarin alfadarai ta wannan yankin zai bi. Ga shi kuma tun da aka fara yaƙin Ingila ba ta ga komai ba sai ja da baya, ana neman ko ƙaramar nasara da za a buga a jarida. Aka ba wani birgediya da ba wanda ya san shi aikin, William Silim, da birged ta 10 ta sojan Indiya: bataliyar Garwali, bataliyar Baluci, da ta Turawa 'yan Essex, da tankoki 12 da aka ɓoye a daji ana kawo su da dare.

Asubar 6 ga Nuwamba jirage suka yi ruwan bom, igwa ta biyo, Garwali suka bi bayan tankoki suka hau tudun. Kafin hantsi ganuwa ta faɗi. Saura a tsallaka ƙorama. Sai aka juya aka ƙirga tankoki, tara daga cikin 12 sun tsaya cik. Wasu nakiya ce ta tashi da su, amma da yawa duwatsun da ke ɓoye cikin doguwar ciyawar nan ne suka tsinka musu sarƙar ƙafa. Na taka duwatsun nan da ƙafata, Ɗan Kawu, baƙaƙe ne masu kaifi, ko jaki sai ya zaɓi inda zai sa kofato. Motar da ke ɗauke da kayan gyara kuma bom ya same ta. Silim ya ce a dakata a gyara. Wannan dakatawar ce ta ba jiragen Italiya dama. Suka kakkaɓo jiragen Ingila da ke zuwa ɗai-ɗai, sararin sama ya zama nasu, suka yi ta sauke bom a kan ɗan tudun da aka cusa mutane, ƙasar kuwa dutse ce, ba ta haƙuwa balle a ɓuya. Wata motar albarusai ta kama wuta tana ta fashewa a baya, wasu suka ɗauka an zagaye su ne. Sai wani sashe na Turawan Essex ya watse, suka hau motoci suka yo baya a guje. Indiyawan suka tsaya. Ka lura da wannan, domin a wancan zamanin ana koya wa kowa cewa Bature ba ya gudu.

Washegari da yamma Silim ya janye mutanensa daga ganuwar zuwa tuddan da ke bayanta. Matamma ba ta ciwu ba. Aka yi ta musayar igwa da sintiri har ƙarshen Janairun 1941, lokacin da Italiyawa suka tattara da kansu suka hau Gondar saboda an karya su a wasu wuraren. Haile Selassie ya riga ya tsallaka ranar 20 ga Janairu ta Um Idla, can kudu da mu. Gondar ce ta ƙarshe da ta miƙa wuya, 27 ga Nuwamban 1941. Shi kuwa Silim bai ɓoye abin ba. Da ya tsufa ya rubuta cewa laifinsa ne, ya saurari masu cewa a yi hattara alhali zuciyarsa na ce masa ya afka, kuma darasin ya bi shi har ƙarshen aikinsa. Ina ganin girmansa a nan. Janar nawa ka sani da ya ce ni na ɓata?

To wannan mutumin ne aka ba Runduna ta 14 a Bama a 1943, kuma can ne su Kawu suka same shi. Kafin nan ma 'yan Nijeriya sun taka rawa a yaƙin gabashin Afirka, su ne suka shiga Mogadishu a Fabrairun 1941 suka kora har Harar, shi ya sa kuke da bariki mai sunan Mogadishu a Abuja, kamar yadda Chindit na Zariya da Kalapanzin na Kaduna suka samo nasu daga Bama. Ina so in yi tunanin cewa lokacin da Silim ya tsaya yana duban baƙaƙen sojoji suna ratsa dajin Kaladan da kaya a ka, ana ba su umarni da Hausa, ya riga ya san tun daga Gallabat cewa tsayawa a daga ba ta launin fata ba ce. Wannan zato na ne, ba a littafi na gani ba.

Har gonar da nake nomawa jikar wannan yaƙin ce. Noman tarakta a ƙasar Gadarif a tsakiyar shekarun 1940 aka fara shi, wajen Gadambaliya, don a samu dawar ciyar da sojoji. Yaƙi ya ƙare, tarakta ta zauna, aka yi ta sare daji ana yanka manyan gonaki, aka buƙaci hannun da zai yi shema da girbi. Labarin aikin nan ne ya iske mahaifina yana tsintar auduga a Jazira, shi da Gwaggonka, bayan sun biyo motocin Maiduguri da Fort Lami da Abeshe da Junaina. Ya ce bari su zo su yi damina ɗaya su cika kuɗin jirgin Jidda. Saboda haka in ka sake cewa mun gudu mun bar yaƙi, sai in ce maka Kawu ya je yaƙi ya dawo da tagulla, mu yaƙi ya bar mana gona.

Da na sallami yarana a bakin gada, na ce bari in hau tudun. Wani dattijo Bahaushe mai sayar da goro da turare, wanda kakansa Bakatsine ne, ya haɗa ni da jikansa ya raka ni. Ban ga allo ba, ban ga tuta ba. Duwatsu, ciyawa, kashin awaki. Yaron ya ce in an yi ruwa mai ƙarfi sukan tsinci kwanson harsashi, amma ba su san na wane yaƙin ba ne. Na ciro waya zan ɗauko maka hoto, wani mai kaki ya ɗaga mini hannu daga nesa, na mayar da ita aljihu ba gardama. Shi ya sa wannan takardar ta yi tsawo, da hoto ne da ka huta.

A hanya ina dawowa na yi ta tunanin hotunan autanka. Da farko kishi ya kama ni, na ce ga sarki sukutum ya faɗi a nan, ga janar ɗin da ya ci Bama ya yi karatun farko a nan, amma ko dutse ɗaya ba a rubuta ba. Daga baya na ga abin ba haka yake ba. Su can sun iya gina gidan tarihi ne saboda yaƙinsu ya mutu, sun yi masa wanka sun binne. Namu yana nan da rai. A Nuwamban 2020 da rikicin Tigrai ya ɓarke, dubban Habashawa suka kwararo mana, aka sake buɗe sansanin Um Rakuba kusa da Doka, wurin da iyayensu suka zauna lokacin yunwar 1984. A ƙarshen 2020 ɗin kuma aka yi ta harbe-harbe kan gonakin Fashaga, rigimar da tushenta duwatsun Manjo Gwynn ne. Sai Afrilun 2023, yaƙi ya ɓarke a Sudan, abin ya juyo kanmu. Gadar nan da na saba ganin 'yan yankan riɗi a kanta, na gan ta cike da mutanen Khartum, likitoci da malaman jami'a da 'yan kasuwa, kowa da jaka ɗaya, suna layi a rana suna roƙon Habasha ta buɗe musu. Da Wad Madani ta faɗi a Disamban shekarar, makarantun Gadarif duk suka zama masauki, ni kaina gida uku na saukar a tsakar gidana, ɗaya har yanzu suna nan. Can Matamma kuma nasu rikicin na Amhara bai lafa ba, wani lokaci a rufe gadar, wani lokaci a buɗe. Wa zai tsaya rubuta allo?

Dattijon nan mai goro ya faɗa mini wata magana da ta ba ni dariya. Na tambaye shi ko a cikin duk masu yaƙin nan wa kakanninsa suka bi. Ya ce kakansa ya sayar wa Ansar dawa, babansa ya sayar wa Italiya ƙwai, ya sayar wa Indiyawa kaji, shi kuma ga shi yana sayar wa kowa goro. Ya ce abin da suke tsoro a nan bai wuce biyu ba, ƙudan kala'azar da ke fitowa daga tsagar laka da magariba, da ruwan da zai sauka riɗi na tsaye a gona. Na sayi goro na dubu biyu a wurinsa, ya yi mini gyara da uku. Goron ya sha hanya, ya bushe, ba ya kama ƙafar na Kurmi, amma Gwaggo ta karɓa da hannu biyu.

Yanzu ga aikinka. Ka sa a buɗe akwatin Kawu a nemo takardar sallamarsa, ko wani tsohon kaki in asu bai gama da shi ba. Ka duba tambarin kafaɗa. In ka ga baƙin gizo a kan rawaya, runduna ta 81 ce, ita ce ta shiga Kaladan a farkon 1944 Silim na bisa kanta. In kuma māsu biyu ne gicciye a kan gammo, ta 82 ce, wadda ta iso daga baya. Gwaggo ta dage gizo ne, wai har tsokanarsa suke yi suna ce masa mijin Ƙoƙi, amma ka san ta, jiya ma ta rantse mini Sardauna ya taɓa ba ta sisi. Ka turo mini hoton ko wanne ne, gaba da baya.

Akwai wani ɗan'uwa da zai taso ta Port Sudan bayan Maulidi in hanya ta yi kyau, zan ba shi man riɗi galan ɗaya da garin karkade ya kawo wa Hajiya. Man na Hajiya ne, ba naka ba. Kai tsakanina da kai sai an daidaita kuɗin sharar da ya taru shekara da shekaru, kuma ni ba na karɓar naira.

Ka gaida Hajiya da kyau, ka gaida Yaya Babba da mutanen gidanta, ka ce wa autanka in ya gama da tekun Faransa ya zo in nuna masa tamu, amma ya zo da rani, ya kuma zo da takalmi mai ƙwari. Gwaggonka ta ce a aiko mata da daddawa ta kalwa, ta gaji da ta kanti.

Wassalam.

Naka,
Ɗan Gwaggo